Inna Jaye, wadda ta tambaye ni ina harafin "z" ya tafi

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Talata, 12 ga Maris 1985, bayan la'asar, Allah ya karɓi ran Inna Jaye a nan Agiye, bayan jinyar kwana tara.

Inna, bara kika shigo garinmu da akuya ɗaya, fari ya cinye miki shanu, ɗanki Sajo ya kora sauran kudu neman ciyawa. Kika zauna gidana kina taya matata Suwaiba daka. Hausarki ta makiyaya ce, in za ki ce "zo" sai ki ce "jo". Yaran unguwa suka riƙa kwaikwayonki har kika ɗaure kayanki za ki koma daji, inda babu ruwa. Na tare ki a zaure ina ba ki haƙuri, ina cewa a hankali bakinki zai gyaru.

Kika dube ni kika ce, "Malam, kaja ɗaya ku ce kaza, in sun yi yawa ku ce kaji. To wa ya gyara muku baki?"

Shekara goma sha ɗaya ina koyarwa a lakol, wato makarantar boko, ban taɓa lura ba. Na ce ban sani ba. Kika kwance kayan, wai sai kin ji amsa.

Daga nan kullum da abin da za ki kawo mini daga bakin turmi: gida da gidaje, tasa da tasoshi, mota da motoci. Ke ce kika gano cewa in baki ya nufi "i" ko "e", harshe kan matso gaba ya hau ganɗa, sai sautin ya sake. Kika sa na yi ta maimaitawa ina jin inda harshena ke taɓawa.

Da 'yata Asma'u ta kwanta ciwo, nonon akuyar nan kika riƙa ba ta, kina ce mana kin ƙoshi. Ta tashi. Sai da kika kwanta muka san rabonki da abincin kirki ya daɗe.

Allah ya jiƙan ki, ya yafe miki, ya haskaka kabarinki. Ina miƙa ta'aziyya ga danginki na wajen Gazawa. Duk wanda ya haɗu da Sajo a kudu, don Allah ya gaya masa a hankali, ya ce masa akuyar tana hannunmu.

Shu'aibu Ɗanmalam, Agiye