Soron Na'Allah da Damin Ƙarshe

Idan ka tambayi tsofaffin Gangara wa ya fara gina soro a garin, sai sun gama dariya tukuna su ba ka amsa. Na'Allah ne, mai jakkai. Gajere ne kakkaura, muryarsa kuwa ko raɗa ya yi sai an ji a bakin rijiya. Jakkai biyar gare shi, yana ɗaukar goro da atamfa daga Isa da Sabon Birni ya kai Maraɗi, ya komo da kanwa da dabino. Wajen lissafi ba a taɓa cin aninin Na'Allah ba. Yana iya canza sulen Ingilishi da kuɗin Faransa a kansa, yana tafiya, yana zagin jaki. Abin da ya gada kuwa gona ce guda a bakin gari, gonar gawo, wadda kowace shekara take ba shi dami hamsin na gero, ko fiye in damina ta yi kyau.

Shekarar da sojojin da suka je yaƙin Bama suka dawo gida, ruwan sama ya tsare shi a Maraɗi, ya fake a zauren wani attajiri. Ruwa kamar da ƙwarya, amma ko ɗigo bai taɓa hularsa ba. Ya ɗaga kai ya ga azara a jere, ya shafa bango ya ji santsi. Daga nan ciwon soro ya kama shi.

Da ya iso gida ko kayan jakkai bai sauke ba ya ce wa matarsa, "Bilki, za ni gina soro."

Bilki tana tankaɗe, ba ta ɗago ba. "Da mi?"

"Da ƙasa, kamar kowa."

"Ƙasa kyauta ta. Magini hwa? Azara hwa?"

"Ke dai ki shirya shiga soro."

Ya tafi Sabon Birni wurin Malam Halliru, mai sayen hatsi da gyaɗa, mutum mai fara'a wanda ba a taɓa jin ya ɗaga murya ba. Suka daidaita a kan jingina. Halliru ya ba shi fam takwas, shi kuma ya miƙa gonar gawo: Halliru ya yi ta noma yana kwashe amfani, duk ranar da Na'Allah ya kawo fam takwas ya karɓi abarsa. Aka yi shaidu, mai garin Gangara da liman.

Na'Allah ya dawo yana tafe yana rangaji. A dandali ya riƙa faɗi, "Takwas na amsa, takwas za ni maidawa. Babu ruwa, babu riba, babu ƙarin anini. Ku nuna mini wanda ya taɓa samun soro haka!"

Aka ɗauko magini daga Isa. Aka yi tubali, aka jera azarar giginya, aka kafa indararo biyu, aka shafe fuskar ginin da makuba har tana ƙyalli. Mutane suka zo kallo daga Kurawa. Wata tsohuwa ta tuɓe takalmi tun daga nesa, ta ɗauka masallaci ne. Ranar da aka yi ruwan farko Na'Allah ya kwanta rigingine a tsakar soron, ya harɗe ƙafa, ya ce a kira masa Bilki ta zo ta ji yadda ba a jin komai.

To, soro ya soma nuna halinsa. Da aka zo rabon haraji, mai gari ya dubi ginin sama da ƙasa ya ce ai ba a haɗa mai soro da mai bukka a kuɗi ɗaya ba, ya ƙara masa sule uku. Duk baƙon da ya shigo Gangara, ko malamin haraji ne ko mai allurar shanu, sai a ce a kai shi gidan Na'Allah, shi ke da masauki. Baƙo kuwa ba ya cin bango, tuwo yake ci, wani har ya tambayi kaza. Sannan duk bazara sai an yi yaɓe, in ba haka ba ruwa ya sami ƙofa. Amma duk wannan Na'Allah bai sa shi a lissafi ba, ya ce kuɗin girma ne.

Da kaka ta yi, Halliru ya aiko yana neman jakkai na kwasar dammuna daga gonar gawo zuwa Sabon Birni. Na'Allah ya yi murna, ya ce ga aiki har gida. Ya riƙa lodi yana wucewa ta ƙofar soronsa, ana biyansa kwabo-kwabo a kan dami. Bilki tana zaune a bakin ƙofa tana kallo. Da bazara ta yi, rumbu ya ƙare, Na'Allah ya koma wurin Halliru yana sayen gero tiya-tiya. Bilki ta damƙi ɗan kaɗan ta murza a tafin hannu.

"Maigida, na san wanga hatsi."

"Ina kika san shi?"

"Tare munka tashi. Gaishe shi nike."

Bayan kaka ta uku Na'Allah ya tara fam takwas cif, ya ƙulle a ƙyalle, ya sa babbar riga ya tafi Sabon Birni da rani. Halliru ya shimfiɗa masa buzu, ya sa aka kawo fura, ya tambayi lafiyar soro. Sannan ya dubi ƙullin ya yi murmushi.

"Madalla, Na'Allah. Sai dai ka makara kaɗan. Shanun Yero Bahillace sun kwana arba'in cikin gonar, ni na biya. Ka san al'ada, wanda ya sa taki sai ya ci takinai. Damina biyu, sannan ka taho da kuɗɗinka."

Ba ƙarya ya yi ba, haka al'adar take, mai gari ma ya tabbatar. Na'Allah ya dawo da kuɗinsa a aljihu. Kuɗin da ke aljihun mai soro kuwa ba su daɗewa. Bangon gabas ya tsage, indararo ɗaya ya faɗo, aka yi baƙi, aka yi haraji. Da kaka ta biyar ta zo, fam biyar ke gare shi. Ya ruga Maraɗi ya yi safara biyu ya cika takwas, ya iso bayan mako uku. Tun daga nesa ya hango fararen shanu kwance a gindin gawo suna tuƙa, hankali kwance, kamar su suka gaji gonar. Halliru ya sake shimfiɗa buzu, ya sake kawo fura. Damina biyu.

Ana saura wata guda a yanke geron kaka ta bakwai, Bilki ta fito da wata tsohuwar tukunya da hantsi, ta juye a kan tabarma. Ƙwallayen kurna ne, tuli.

"Maigida, kai da ka iya lissahi, ƙidaya mini."

Na'Allah ba ya ƙin a yaba masa. Ya gyara zama ya riƙa warewa goma-goma. "Ɗari uku da goma sha biyu. Mi za ki yi da su, sarƙa?"

"In kowane guda sule na, nawa ke nan?"

Ko numfashi bai ja ba. "Hwam goma sha biyar da sule goma sha biyu. Wa ke sayen ƙwallon kurna sule?"

"Kai. Duk damin da ka wuce da shi ta ƙohwar ga, ina jehwa guda."

Na'Allah ya dubi ƙwallayen, ya dubi azara, ya sake duban ƙwallayen. Ya cire hula ya sosa kai. Can ya sami abin kamawa. "To ai Malam ya biya 'yan ƙwadago, ya biya taki. Ba duka ya ci ba."

"Raba biyu, ka ba shi rabi na wahala."

Ya raba. Fam takwas ba sule huɗu. Bai faɗa da ƙarfi ba, karo na farko a rayuwarsa.

"Ga na bana tahe," in ji Bilki. "Kuma cikin hwam takwas ɗin da shike binka, nawa munka rage?"

Na'Allah ya mayar da hularsa a karkace. Ranar ko dandali bai fita ba.

Abin da ke gabansa yanzu guda ne: ya sa kuɗi a hannun Halliru bayan an kwashe gero, kafin saniya ta taka gonar. In ya kuskure, wasu damina biyu sun tafi. Bilki ta tsare matar Yero da ke kawo nono, ta saya har da wanda ba ta bukata, ta ji cewa an ce wa Yero ya tsaya da garke a bakin iyaka ranar Lahadi, da zarar damin ƙarshe ya fita ya kora. Na'Allah kuwa ya kai jakkai uku kasuwar Isa ya sayar don ya cika fam takwas. Ya tsaya yana yi wa mai sayen bayanin halin kowane ɗaya, wanda ke tsoron gada da wanda ba ya son a yi masa tsawa, har mutumin ya ce in ba zai iya rabuwa da su ba ya biyo su.

Ranar Lahadi aka yi ta kwasa da jakkai biyun da suka rage. Da rana ta take tsaka saura dami ɗaya a tsakiyar gona. Na'Allah ya nufe shi, ya tattare riga, ya zauna a kai daram. Kowa ya san ba a shigar da shanu gonar da ke da dami a ciki. Bilki ta riga ta tafi kiran mai gari da liman.

Yero, dogo siriri, sanda a kafaɗa, ya yi ta tare shanu a bakin iyaka. Da ya gaji ya ɗaga murya.

"Kai Kaɗo! Ƙwai kake kwanci a kai?"

"Awo. Jira shi ƙyanƙyashe in ba ka ɗan tsako."

"Shanuna na jin yunwa!"

"Ni shekara bakwai ina jin ta, Bahillace, ba ka ji kukana ba."

Rana ta gasa shi, tururuwa suka shiga wandonsa, bai motsa ba sai ɗan murguɗa gindi. Wajen azahar sai ga Halliru a kan godiyarsa, labari ya kai masa. Ga mai gari da liman, ga rabin Gangara a biye.

"Na'Allah, tashi a ɗauki damin ga, sannan mu je inuwa mu yi magana. Akwai hura."

"Malam, na sha hurarka sau biyu, kowace ta ci mini dami ɗari. Yau ina azumi."

Ya kwance ƙyalle a kan cinyarsa ya riƙa ƙirgawa da muryar nan tasa, sule bayan sule, liman yana maimaitawa. Ana fam shida sai wata karsana ta kufce wa Yero, ta tsallako iyaka, ta yi taku kamar goma, ta ɗaga wutsiya ta sauke abin da ta sauke, zafi-zafi.

Halliru ya nuna da bulala, fuskarsa cike da annuri. "To, jama'a ku shaida. Taki ya shiga."

Mai gari ya soma shafa gemu, alamar shari'a za ta yi tsawo. Sai Bilki ta gyara mayafi, ta tsinci sakaina a gindin gawo, ta je ta kwashe kashin tas har da ƙasar da ke ƙarƙashinsa. Ta kawo gaban godiya, ta durƙusa da ladabi, ta miƙa da hannu biyu.

"Malam, ga takinka. Ba mu taɓa ko kaɗan ba. A ɗaura maka bisa sirdi, ko a aiko?"

Liman ne ya fara tuntsirewa, sai gona ta ɗauka. Yero ya dafa sanda yana riƙe ciki. Halliru ya yi ƙoƙarin ɗaure fuska, abin ya gagara, shi ma ya yi dariya har rawaninsa ya zame. Ya ce, "Na'Allah, da da wagga na yi jinginar, da tun shekara ta ukku na rasa gonar." Ya miƙa hannu. Na'Allah ya cika fam biyun da suka rage, mai gari ya ce an fansa, liman ya shafa fatiha. Sai a sannan Na'Allah ya yunƙura zai tashi, ƙafafu suka ƙi, sai da mutum biyu suka ɗaga shi. Aka ɗora wa Halliru daminsa na ƙarshe, wanda ya ɗan baje ta sama.

Da jama'a suka watse, Na'Allah ya zaga gonar yana ɗingishi, iyaka zuwa iyaka. Ya tona ƙasa da yatsan ƙafa, ya ga ta yi baƙi, ta yi laushi, ba yadda ya bar ta ba. Shanun da suka riƙa hana shi gonarsa su ne suka ƙosar da ita. Kakar da ta biyo ya ɗaure dami sittin da huɗu, abin da ubansa bai taɓa samu ba.

Safarar Maraɗi dai ta mutu, don jaki biyu ba su isa a tsallaka iyaka da su ba. Na'Allah ya zama manomi sosai, ya tsufa a gonar gawo. In an taru a dandali sai ya ce da gangan ya yi, ya ba Halliru gonar ne ya yi masa kiwonta, ai kowa ya ga yadda ta dawo. Yana faɗin haka da ƙarfi a ko'ina cikin Gangara, ban da inda Bilki za ta ji.