Wasiƙun Lauyan Baba

Baba ya rasu ya bar ƙara a kotu. Fili ne a Daurawa, ya saya tun yana direban motar asibiti, daga baya wani ya ɓullo da takardu ya ce nasa ne. Kotun farko ta ba mutumin gaskiya, Baba ya ɗaukaka ƙara. Duk ranar zama sai ya sa farar shaddarsa, ya tari adaidaita a bakin titin Gyadi-Gyadi, ya dawo da azahar ya ce an ɗaga. Ni kuwa in yi ta yi masa tsiya, wai alƙalan nan sun fi mu ganinsa. Yau da zai shigo ya ce an ɗaga, wallahi da ban ce masa uffan ba.

Bayan addu'ar bakwai kowa ya kama gabansa. Na koma aikina na jinya, Yaya ya koma Tarauni wajen iyalinsa, Umma na gida tana takaba. Mun ɗauka ƙarar ta bi Baba. Mai ita ya kwanta dama, da wa za a yi shari'a? Ko lauyansa ba wanda ya tuna ya gaya wa rasuwar.

Sai ga lauyan ya biyo ni har asibiti, a bakin wani ya ji. Ya yi mini ta'aziyya, sannan ya ce shari'ar fili ba ta mutuwa da mai ita, gado ce kamar filin. Sai dai magada su nemi kotu ta cire sunan mamaci ta sa nasu. In ba su nema ba a kori ƙarar, hukuncin farko ya zauna, fili ya tafi. Ya ce zama ya matso, kuma da ya ga wayar Baba kullum a kashe, sau biyu yana aika masa wasiƙa gida.

Raina ya ɓaci. Daga aiki ban tsaya ko'ina ba sai gida. Na samu Umma a tsakar gida tana tsince shinkafa, ko gaisuwar kirki ban yi ba na tambaye ta wasiƙun. Ta nuna ɗakin Baba da haɓa. Suna nan kan rediyonsa, a liƙe, ta ɗora hularsa a kai. Tun da aka kawo ta gidan nan ba ta taɓa buɗe wasiƙarsa ba. A nan take ajiye masa su sai ya dawo.

Na farke ɗaya, na fito ina faɗa. Na ce saura kaɗan wahalar Baba ta shekaru ta tashi a banza. Na yi mata bayanin lauya, na ce za a kawo takardar amincewa ta dangwala, ba sai ta fita ba. Ta saurare ni har na gama.

"In an yi hakan, wasiƙar da sunan wa za ta riƙa zuwa?"

"Da nawa da na Yaya, Umma."

"Yanzu fa masu kawo wasiƙun nan kaɗai ne ke sallama a ƙofar gidan nan su ce Malam yana ciki."

Ni da ke gaya wa mutane rasuwar 'yan uwansu a wurin aiki, na zauna kusa da ita na ja farantin shinkafar gabana. Kewarsa ta taso mini, na yi kukan da ban yi ba ranar jana'iza.

Kwana uku ban sake tayar da maganar ba. A na huɗu ta sa na kira lauya. Ta ce Malam bai sha rana a kan filin nan don a bar wa wani ba. Aka kawo takardar, ta dangwala, ta goge yatsanta da gefen zane, ta shige ɗaki.

Kotu ta amince, aka sa sunayenmu. Har yau ana shari'ar, ni ce mai tarar adaidaita yanzu. Ranar da wasiƙa ta gaba ta zo ina gidan. Umma ce ta karɓa a zaure. Boko ba ta yi ba, amma ta san zanen sunan mijinta. Ta daɗe tana duba bayan ambulan, sannan ta miƙo mini.

"Ungo, taku ce."