Hotunan Inna da Suka Lalace

Ko na tsufa tukuf, wannan yammaci ba zai fita daga raina ba. Shekarar da soja suka miƙa wa farar hula mulki ce. Ina da ɗan shagon ɗaukar hoto a Ƙofar Mazugal, 'yan takara sun yi mini caa, ni kuwa kaina ya kumbura.

Ana cikin haka mahaifiyata, Inna, ta zo in ɗauke ta fasfo na tafiya Hajji. Ita kuwa ba ta iya zama wuri ɗaya ba. In ce ta tsaya, ina dannawa ta juya. In sake, ta fashe da dariya. Har sau goma sha biyu!

"Haba Inna, kin ƙarar mini da fim!"

"To ɗan nan, ni gunki ce?"

Na wanke, na zaɓi guda, na watsa sauran a durowa ina tsaki. Ba ta je Makka ba. Kafin jirgi ya tashi Allah ya karɓi abarsa.

Bayan arba'in sai Baba ya fara ramewa. Wata rana da la'asar ya shigo shago, ya zauna, ya ƙura wa fasfon ido.

"Wannan ba ita ba ce," ya ce. "Ina rufe ido in nemi fuskarta, ba ta zuwa. Ta ɓace mini."

Don dai in yi wani abu, na ɗauko lalatattun nan. Ina daidaita su babban yatsana ya zame a gefe, suka wuce firr. Sai ga Inna ta juyo, ta ɗaga gira, ta yi dariya.

Baba ya zabura. "Subhanallahi! Me ka yi?"

"Takarda ce kawai, Baba. Kowanne a tsaye yake. In sun wuce da sauri ido ba ya ganin tsakaninsu, sai ya ɗinke su."

"Sake."

Na sake, na kuma sake. Daga baya ya karɓa, yana gwadawa da yatsansa, hawaye na sauka a gemunsa.

"Ga ta nan," ya ce. "Haka take yi in za ta musa mini magana."

Kunya ta rufe ni, na yi kukan da ban yi ba ranar jana'iza. A ranar na gane ba kamannin mutum zuciya ke riƙewa ba, motsinsa take riƙewa. Duk mai uwa a raye, ya kalle ta da kyau tun tana juyowa.