Tsagar Fuskar Maigandi

A unguwarmu ta Al-Sih, a ƙasa mai tsarki, babu wanda bai san Baba Maigandi wanzami ba. Ƙaho yake yi, wanda Larabawa ke kira hijama, kuma hannunsa da sauƙi har wasu kan yi gyangyaɗi yana aiki. Yana da takardar ɗan ƙasa tun kafin a haife ni, Larabcinsa kuwa ya fi nawa daɗi. Amma kumatunsa na ɗauke da tsagar Gobirawa, daga bakin leɓe har kunne, don haka ko ya buɗe baki ko bai buɗe ba an riga an san inda ya fito. Mutum ya kwanta a gabansa yana neman lafiya, ya tashi ya ce masa "ya takruni", kiran raini da suke wa baƙar fata irinmu. Ni abin yana ƙona mini rai. Shi sai ya yi murmushi ya wanke ƙahonsa.

A shekarar 2002 Lurwanu mai ɗaukar bidiyon biki ya ce ya gaji da amare, zai haɗa fim na tsofaffinmu, kowa ya faɗi yadda ya zo da abin da ya gani. Da yawa suka noƙe. Baba Maigandi ya ce a zo.

Ɗansa Sa'id ne ya tada ƙayar baya. Ma'aikacin ofis ne, yana jin Hausa amma da Larabci yake amsawa, kuma bai taɓa kai abokan aikinsa gida ba. Tsoronsa kada kaset ɗin ya zaga ya kai gare su.

"Abuya, Allah yihallik, ka rufe fuskarka da shimag," in ji shi, yana roƙon uban da Allah.

Na zaci tsohon zai yi faɗa, don ni da na yi. Sai ya kalli ɗansa ya daɗe, ya ɗauki mayafin kansa ya naɗe har hanci. Wallahi na ji tausayinsa.

Muna zaune a tsakar gida Lurwanu ya kunna na'ura. Muryar tsohon tana fitowa a toshe. Ya ba da labarin tahowarsu a ƙasa yana yaro, yadda suke tsayawa su yi noma a gonakin mutane su sami guzuri, da yadda mahaifiyarsa Asama'u ta kwanta ciwo a Sudan ba ta tashi ba. Ya ce ya manta kamanninta, ba hoto, ba zane, ba ko ɗan kunne. Lurwanu ya tambaye shi ko babu abin da ta bar masa.

"Akwai," ya ce. "An faɗa mini ita ta riƙe ni a cinyarta ranar da aka yi mini tsaga, tana kuka ina kuka. Shi ke nan gadona. Yau yana rufe, yaro na jin kunya."

Bai faɗa da gori ba, ko kallon Sa'id bai yi ba.

Sa'id yana bakin ƙofa, ashe bai taɓa jin wannan labari ba. Ya taso ya ratsa gaban na'urar, Lurwanu na yi masa alama ya kauce. Ya durƙusa ya warware mayafin, ya ce da Hausarsa mai tsami:

"Baba, sake faɗa daga farko."