Sunan Ɗan Farin Gidaɗo

Halliru furodusa ne, ko da yake an daɗe ba a kira shi haka ba. A Kano ya yi fim biyu, na uku ya mutu a hannunsa, sai ya tattara ya zo Dubai yana ɗaure kayan 'yan kasuwa a wani ofishin kago a Al Rigga. Kwali da igiya suka cinye masa shekaru, kuma abin yana ci masa rai ƙwarai.

Wata rana wata 'yar Japan mai suna Shiori ta shigo neman mai jin Hausa. Fim take yi, irin wanda ba labari, ba waƙa, ba rawa: ma'aikatan da ke zaune a unguwar Muhaisnah ne za su zauna gaban kyamara, kowa ya faɗi sunan ɗansa na fari, shi ke nan. Furodusanta na gida ya ce wannan ba fim ba ne, ya zame jikinsa. Halliru kuwa ji ya yi ransa ya dawo. Shi ya nemo izini, shi ya aro mota, shi ya bi maza ɗaki-ɗaki yana lallashi.

Sai Shiori ta nace wa fuskar Gidaɗo, wani dattijo Bafulatani mai gadin sito, wanda Halliru ke cin tuwo da shi kowace Juma'a. Ta ce in babu shi babu fim, ga bizarta ta kusa ƙarewa. Halliru ya san matsalar, ya ƙi faɗa mata: Gidaɗo ba ya kama sunan ɗan fari, balle ma ɗan ya rasu a gida uban yana nan bakin aiki.

"Baffa, don Allah," in ji Halliru. "Sau ɗaya, khalas, shi ke nan."

"Ɗana, ko gaban uwarsa ban taɓa faɗa ba. Gaban wannan ƙarfen zan faɗa?"

Da ƙyar ya yarda ya zauna. Kyamara tana ɗauka, Gidaɗo ya yi shiru, shirun ya ƙi ƙarewa. Shiori ta waiwayo tana duban Halliru. Shi kuwa ya hango kansa ya tsufa cikin kwalaye, ba wanda ya san ya taɓa zama wani abu. Sai ya buɗe baki daga bayan kyamara ya kama sunan marigayin da kansa, ya ce, "Mijinyawa."

Gidaɗo ya ɗago. Idonsa ya cika, bai ko ƙifta ba. Can ya ɗauki takalmansa ya fita.

Wannan fuskar ita ta rufe fim ɗin. An nuna shi a Japan, da sunan Halliru a rubuce ɓaro-ɓaro. Har yau Halliru yana kai tuwo sito ranar Juma'a. Gidaɗo yakan amsa sallama, ya ce ya ƙoshi. Bai sake ce masa "ɗana" ba. Yanzu "Furodusa" yake kiransa.