Gashin Wutsiyar Doki

Mahaifina ladan ne a unguwarmu a Gaya, mutum mai tsare gida ƙwarai. Idan aka sa kiɗan goge a rediyo, sai ya miƙa hannu ya kashe. Tun ina ƙarami nake jin manya suna cewa, "Ai tun da ya tuba bai sake ba." Ba wanda ya taɓa gaya mini me ya tuba ya bari, ni kuma da shegen zurfin ciki sai na yanke wa kaina cewa ɓarawon shanu ne a da. Da wannan kunyar na girma, har na zama malamin firamare.

Abu ɗaya yake aikena: duk bayan 'yan watanni in je kasuwar Ajingi in sayo masa gashin wutsiyar doki. Ya ce tarkon tsuntsaye yake yi. Ban taɓa ganin ko kurciya ɗaya a tukunyarmu ba, amma ban tambaya ba.

Ya rasu a farkon shekarun saba'in. Ranar sadakar uku da hantsi, wani tsoho ya zo a ƙafa daga Toranke, ya yi gaisuwa, ya matso kusa da ni.

"Ɗana, ina gogen?"

"Wane goge, Baba? Ko dai gida ka ɓata?"

"Shekara goma sha biyu ina kaɗa masa ƙwarya," in ji shi. "Daga nan har Ajingi, idan ubanka ya ja goge, masu awo barin mudu suke yi. Na ga mai jego ta manta ɗanta a shimfiɗa. Ba a yi kamarsa ba, kuma ba a taɓa ɗaukar kiɗansa a faifai ba."

Na shiga cikin gida ina jira Inna, mahaifiyata, ta ce tsohon ya ruɗe. Ba ta ce ba. Sai ta jawo wani ƙunshi daga ƙarƙashin gado ta ajiye a gabana.

"Ya bar wasiyya," ta ce. "Kai ne babba. Ya ce ka ƙona shi."

Haushi ya kama ni, na rasa na wa: nasa, ko nawa da na mayar da ubana ɓarawo. Na tara karan dawa a bayan gida na kunna. Tsohon ya biyo ni, ya roƙe ni in bar shi ya taɓa sau ɗaya. Ya kwance tsumman, ya shafa fatar guzar da aka rufe ƙwaryar gogen da ita, sannan yatsunsa suka tsaya a kan tsirkiyar.

"Wannan gashin sabo ne," ya ce. "Bai yi wata biyu ba. Ga ƙaro ma an goga masa."

Wata biyu da suka wuce ni na sayo shi da hannuna.

Inna tana tsaye a bakin danga. Ta ce duk lokacin da na kawo, sai ya rufe ɗaki ya ɗaura sabo, ya ɗora gogen a cinya, yatsunsa suna tafiya a kai. Bakan da ake jan gogen da shi kuwa yana ajiye a gefe, shekara ashirin da biyar bai ɗora shi ba.

Na ce wa tsohon ya ja mini ko kaɗan in ji. Ya girgiza kai.

"Ni ƙwarya na iya, ɗana. Mai wannan ya tafi da abinsa."

Ban yi kuka a maƙabarta ba, a nan na yi. Gida ɗaya muka zauna da wannan hannun na mahaifina tun haihuwata, kuma abin da na san yana yi da kiɗa shi ne kashe rediyo.

Na yi ta riƙe da gogen har karan ya cinye ya zama toka. Mahaifina abu ɗaya tak ya bar mini in yi masa, kuma har yau ban yi ba.