Ɗauko Inna Daga Kan Dutse

Funtua zuwa Malumfashi

Ƙarfe biyar da rabi, ana idar da sallar asuba, na shiga mota. Ƙudurina ɗaya: in sauko da mahaifiyata daga ƙauyenmu na kan dutse. Gwiwarta ta ƙi, ga rijiya can ƙasa. Sau uku tana ƙin biyo ni birni, don haka wannan karon na shirya mata dabara.

Shingen bincike biyu muka wuce. Bakwai da kwata muna Malumfashi, na karya da koko da ƙosai.

Hanyar Gozaki

Daga nan sai acaɓa. Bayan Gozaki ɗan acaɓan ya sauke ni a gindin dutse.

"Malam, wai har yanzu da mutane a sama?" in ji shi.

Haushi ya kama ni, na fara hawa. Sai ga shi ni da aka haifa a nan na ɓata! Gidan Maƙera da nake kwatance da shi ya zama kufai. Na yi dama, ƙaya. Na yi hagu, gona. Ikon Allah! Sai wata mai tallan nono ce ta nuna mini hanyar gidanmu.

Kan dutse

Sha ɗaya saura na isa. Gida huɗu suka rage da hayaƙi.

"Inna, jikokinki ne ke kewarki. Ki zo ki gan su."

"To, mu je."

Haka kawai? Kaina ya ɗaure. Tana ɗaki tana ɗaure kaya na zagaya wurin maƙwabcinmu, Malam Ado, na ce gobe ya kwance kwanon rufin da ƙyauren ya riƙe, mun tashi ke nan. Da sanda muka sauko, tana hutawa, ina jira.

Gida

La'asar sakaliya muka shiga Funtua lafiya, alhamdulillahi. Na gode wa mai nonon nan, ko sunanta ban tambaya ba.

Inna ta sha ruwa, ta dubi tsakar gidan hayarmu, siminti ko'ina. Ta kwance ƙullinta: zane ɗaya ne da carbi.

"Jibi da sassafe ka mai da ni," ta ce. "Tsabar kwana biyu na zuba wa kaji."

Wallahi har yanzu ban san ta inda zan fara gaya mata ba.